Farashin Ajali: Nazarin Abin da Bashin Jinginar Gida Yake Ci a Tsawon Shekaru a Najeriya

Tsakure

Wannan maƙala ta bi diddigin abin da mai karɓar bashin gida yake biya, tun daga watan farko har zuwa ranar da za a mayar masa da takardun gidansa, ta hanyar kwatanta bashin Asusun Gidaje na Ƙasa, mai kuɗin ruwa kashi 6 cikin 100, da bashin kasuwa wanda aka ƙaddara ruwansa a kan kashi 20 cikin 100. Lissafin ya nuna cewa tsawaita ajali sassauci ne matuƙar ruwan kaɗan ne kuma tsayayye, amma idan ruwan ya yi yawa sai tsawaitawar ta zama hasara zalla, kuma wannan hukunci yana shafar yarjejeniyoyin bankunan da ba su ta'ammali da riba ta wata fuskar.

Gabatarwa

Jingina tsohuwar mu'amala ce a ƙasar Hausa, domin tun kafin a san banki manomi yakan jinginar da gonarsa idan buƙata ta matsa masa, kuma malaman mazhabar Malikiyya sun yi bayanin hukunce-hukuncenta da sunan rahanu a littattafan da ake karantawa a zaurukanmu, kamar Risala ta Ibn Abi Zaid da Muhtasar na Halilu, suna kafa hujja da aya ta 283 ta Suratul Baƙara. Sai dai a waccan jingina abin da aka karɓa shi ake mayarwa, ko an yi damina biyu ko an yi goma, saboda haka ba a buƙatar wani dogon hisabi. Jinginar banki kuwa, wadda ta shigo Najeriya da kafa Nigerian Building Society a 1956, wadda aka mayar da ita Bankin Lamunin Gidaje na Tarayya a 1977, ta zo da wani sharaɗi da bai saba da tunanin mutanenmu ba, wato shi kansa ajalin yana da farashi, kuma ana ƙirga wannan farashi kowane wata a kan abin da ya rage na uwar kuɗi.

Tambayar da ma'aikaci yakan yi idan ya zauna gaban jami'in banki ita ce, nawa za a riƙa cire mini a wata? Tambaya ce mai dalili, tun da albashi ake ci da shi, amma ita kaɗai ba ta isa ba, kuma abin da ya sa aka yi wannan nazari shi ne ganin yadda amsarta takan lulluɓe wasu adadai guda biyu waɗanda suka fi ta nauyi: jimillar abin da za a biya, da kuma abin da zai rage na bashin idan an yi shekara goma ana biya.

Hanyar bincike

An ɗauki misalin bashin Naira miliyan 10, aka lissafa shi bisa ƙa'idar biya daidai wa daida kowane wata, inda ake fara cire kuɗin ruwan watan, sannan abin da ya yi saura ya tafi ga rage uwar kuɗi. Kashi 6 cikin 100 shi ne abin da Asusun Gidaje na Ƙasa yake karɓa daga mai ba da gudummawa, na tsawon da bai wuce shekara 30 ba. Wannan asusu an kafa shi da doka ta 3 ta 1992, kuma ana cika shi da kashi 2.5 cikin 100 na albashin ma'aikata. Kashi 20 cikin 100 kuwa an ɗauke shi ne a matsayin misalin ruwan kasuwa, kuma ba a tsananta ba, idan aka tuna cewa Babban Bankin Najeriya ya kai ma'aunin ruwansa kashi 27.5 cikin 100 a watan Nuwamba na 2024.

Abin da jadawalin biya yake nunawa

Wanda ya karɓi Naira miliyan 10 a kan kashi 6 cikin 100 na shekara 30 zai riƙa biyan Naira 59,955 kowane wata. Idan ya buɗe jadawalin da banki zai ba shi, takarda mai layi 360, ya sa yatsa a kan layin farko, zai tarar an raba kuɗin nan gida biyu: Naira 50,000 kuɗin ruwa, Naira 9,955 ragin uwar kuɗi. A layi na biyu ragin ya ƙaru da kimanin Naira 50 kacal. Haka abin zai yi ta tafiya a hankali, ta yadda bayan shekara 10, lokacin da ya riga ya zuba kusan Naira miliyan 7.19, bashin da ke kansa zai kasance Naira miliyan 8.37, ma'ana bai rage ko da sudusin abin da ya karɓa ba. Sai an shiga shekara ta 19 ne rabon uwar kuɗi zai fara rinjayar rabon ruwa a cikin biyan wata, kuma sai a wajen shekara ta 21 bashin zai sauko rabi. A ƙarshen ajali zai zama ya biya Naira miliyan 21.58, wato kuɗin ruwa kaɗai ya zarce abin da aka ba shi da fiye da Naira miliyan ɗaya da rabi.

Babu wata maƙarƙashiya a cikin wannan, illa dai ɗabi'ar lissafin ce, domin ruwa a kan abin da ya rage ake ɗora shi, kuma a farkon tafiya kusan duka bashin ne ya rage. Amma sakamakonsa a kan rayuwar mutum babba ne. Wanda aka yi wa canjin wurin aiki daga Kaduna zuwa Fatakwal a shekara ta takwas, ko wanda lalura ta tilasta masa sayar da gidan, zai je banki yana zaton ya yi nisa, sai a nuna masa cewa mafi yawan abin da ya biya ladan jira ne. Ya wajaba a faɗa wa mai neman bashi wannan tun kafin ya sa hannu, kuma a ganina ɓoye shi a cikin takardu masu yawa, ko da doka ba ta hana ba, ya saɓa wa amanar da ke tsakanin mai ba da bashi da mai karɓa.

Idan aka gajarta ajalin zuwa shekara 20, biyan wata zai hau Naira 71,643, jimilla ta sauko Naira miliyan 17.19, idan aka mayar da shi shekara 15, wata ya zama Naira 84,386, jimilla Naira miliyan 15.19. Ƙarin Naira 11,688 a wata na ajalin shekara 20, ke nan, yana tsare wa mutum kusan Naira miliyan 4.4 da shekara goma na zaman bashi.

Sai a dubi wancan ɓangaren. A kan kashi 20 cikin 100 na shekara 20, biyan wata Naira 169,882 ne, wanda a watan farko Naira 166,667 daga cikinsa ruwa ne, Naira 3,215 kawai ke taɓa uwar kuɗi, kuma jimillar za ta kai Naira miliyan 40.77, ninki huɗu na abin da aka karɓa. Da mai bashin zai roƙi a tsawaita masa zuwa shekara 30 domin ya sami sa'ida, da abin da zai ragu a wata bai wuce Naira 2,780 ba, alhali jimillar za ta haura Naira miliyan 60. A nan ne maslaha take juyewa ta koma mafsada, domin ajalin da ya rage wa ma'aikacin Asusun Gidaje sudusin nauyinsa na wata, shi ne kuma ya ɗora wa mai bashin kasuwa fiye da Naira miliyan 19 ba tare da ya sauƙaƙa masa wani abin kirki ba. Ta wannan fuska kuma biyan ƙari yake da ƙarfi ƙwarai: wanda ya ɗora Naira 20,000 a kan biyansa na wata a wannan bashi, matuƙar yarjejeniyar ta yarda a sa ƙarin a kan uwar kuɗi ba tare da tara ba, zai gama a cikin shekara 10 da wata 8, ya kuma tsira da kimanin Naira miliyan 16.6.

Akwai kuma abin da ba ya cikin jadawalin. Dokar Amfani da Ƙasa ta 1978 ta sharɗanta izinin gwamna kafin a jinginar da filin da ke da takardar shaidar mallaka, kuma neman izinin, da rajista, da harajin hatimi, da ladan lauya da na mai ƙiyasta darajar gida, da inshora, duk a aljihun mai karɓar bashi suke, mafi yawansu tun kafin ya kwana a gidan.

Hauhawar farashi da wanda yake ɗaukar nauyinta

Duk adadan da suka gabata an ƙirga su kamar Nairar bana da ta shekara 30 masu zuwa darajarsu ɗaya, alhali kowa ya san ba haka ba ne. Hukumar Ƙididdiga ta Ƙasa ta bayyana hauhawar farashi kashi 34.8 cikin 100 a watan Disamba na 2024, kuma mafi ƙarancin albashi ya tashi daga Naira 30,000 a 2019 zuwa Naira 70,000 a 2024. Idan aka ƙaddara hauhawar a kan kashi 15 cikin 100 kowace shekara, to Naira 59,955 ɗin nan bayan shekara 10 ba za ta sayi abin da ya wuce na Naira 14,820 na yau ba, bayan shekara 20 kuwa ƙasa da na Naira 3,700. Saboda haka wanda ya sami bashi mai ruwa tsayayye a kan kashi 6 cikin 100, kuma albashinsa yana bin farashi ko da daga nesa, nauyinsa raguwa yake yi shekara bayan shekara, kuma Naira miliyan 21.58 da muka ambata ta fi abin da zai ji a jikinsa girma. Wanda ruwansa yake hawa da sauka kuwa ba shi da wannan kariya, domin hauhawar da ta cinye albashinsa ita ce za ta sa banki ya ƙara masa ruwa.

Amma adalci ya hukunta a tambayi wanda ya biya wannan rangwame. Ma'aikacin da ake cire wa kashi 2.5 cikin 100 tsawon shekarun aikinsa, idan bai karɓi bashi ba, za a mayar masa da ajiyarsa ne da ƙarin kashi 2 cikin 100 a shekara, a cikin Nairar da ta riga ta zube. Kuma tun da ba a yarda biyan wata ya wuce sulusin abin da mutum yake samu ba, bashin Naira miliyan 10 na shekara 30 yana buƙatar albashin kusan Naira 180,000, wanda ya ninka mafi ƙarancin albashi sau biyu da rabi. Sakamakon shi ne masinja da malamin firamare suna tara abin da wanda ya fi su albashi zai gina gida da shi, kuma wannan abu ne da ya kamata ya dami duk mai kishin ma'aikata. Dokar da aka sa wa hannu a 2023, wadda ta mayar da gudummawar ganin dama ga ma'aikatan kamfanoni masu zaman kansu, ba ta taɓa halin ƙaramin ma'aikacin gwamnati ba.

Mas'alar ajali a bankunan da ba su cin riba

Musulmi da yawa sun ƙaurace wa wannan bashi gaba ɗaya saboda haramcin riba, kuma tun da Bankin Jaiz ya fara aiki a 2012, TAJBank ya biyo baya a 2019, sun sami wata ƙofa. A murabaha banki yakan sayi gidan ya sayar wa mutum da riba sananniya, a biya kashi-kashi, kuma falalarta ita ce jimillar farashin a rubuce take tun ranar ƙulla ciniki, ba ta ƙaruwa ko da an yi jinkiri, don haka adadin da jinginar ruwa take ɓoyewa shi ne na farko da mai saye zai gani. A musharaka mai raguwa kuwa banki da mai saye suna tarayya a mallakar gidan, mai saye yana biyan hayar rabon banki yana kuma sayen rabon sannu a hankali. Halacci wani abu ne, tsada wani abu ne dabam: idan hayar ta kai kashi 20 cikin 100 na rabon banki a shekara, to jadawalin zai fito da adadan da muka gani a sama, kuma shekarun farko za su tafi ne a kan haya.

Inda hanyoyin biyu suka rabu shi ne biya kafin ajali. A musharaka, wanda ya sayi ƙarin rabo da wuri hayarsa raguwa take yi nan take. A murabaha kuwa farashin ya riga ya zama bashi tabbatacce, kuma malaman Malikiyya sun hana a yi wa mai bashi ragi a kan sharaɗin ya gaggauta biya, suna ganin hakan sayar da ajali ne da kuɗi. Majalisar Fiƙihu ta Ƙungiyar Ƙasashen Musulmi, a zamanta na Jidda a 1992, ta halatta ragin matuƙar ba a sharɗanta shi tun farko ba, wanda ke nufin cewa ragin alheri ne daga banki, mai saye ba shi da ikon tilasta shi a gaban alƙali. Saboda haka ma'aikacin da yake sa ran kuɗin sallama bayan shekara bakwai, kuma yake da niyyar rufe bashinsa da su, musharaka mai raguwa ko gajeren ajalin murabaha sun fi dacewa da halinsa fiye da murabahar shekara 20, wadda za a iya neman ya biya ribarta cikakkiya ko da ya zo da kuɗin a shekara ta bakwai.