Shin Magana Na Iya Taɓa Lokaci? Darasi Daga Iyakar Bagudo

Idan ka kalli fim ɗin Arrival na 2016, za ka tuna matar da ta koyi harshen wasu halittu daga sararin samaniya, sai ta fara ganin gobe kamar yadda kake tuna jiya. An ɗauko fim ɗin daga labarin da Ted Chiang ya rubuta a 1998. Ƙagaggen labari ne, amma yana da tushe.

A wajajen 1940, wani Ba'amurke mai nazarin harsuna, Benjamin Lee Whorf, ya ce mutanen Hopi na jihar Arizona ba sa kallon lokaci irin na Turawa, saboda harshensu bai yanka shi gunduwa-gunduwa ba. Maganar ta yi tashe, har 1983 da Ekkehart Malotki ya fitar da littafi cike da kalmomin Hopi na ƙirga kwanaki da watanni. A 2006 kuma Rafael Núñez da Eve Sweetser suka nuna cewa mutanen Aymara na Kudancin Amurka kan nuna gabansu idan suna zancen abin da ya wuce, domin shi ido ya gani. Kafin ka yi mamaki, duba Hausarka. Muna cewa "nan gaba" ga abin da bai zo ba, amma kakanninmu "magabata" ne, jikoki kuma "'yan baya". Harshe ɗaya, fuska biyu. Abin da bincike ya tsaya a kai ke nan: harshe na shafar yadda muke fasalta lokaci a zuci, amma ba ya rage wa daƙiƙa tsawo.

To amma akwai inda magana ta juya agogo da gaske. Mu je Illo, a ƙaramar hukumar Bagudo. A ranar 14 ga Yuni, 1898, Ingila da Faransa suka sa hannu a birnin Paris kan yarjejeniyar da ta bar Illo a ɓangaren Ingila, maƙwabtanta na yamma kuma suka faɗa Dahomey, wato Benin ta yau. Daga 1 ga Satumba, 1919, Najeriya ta sa agogonta awa ɗaya gaba da na Greenwich, layin da taron Washington na 1884 ya zaɓa a matsayin mafarin awo. Ita Dahomey ta zauna kan agogon Greenwich har 1934. Ka ga ke nan, shekara 14 da 'yan watanni, bafataken da ya tsallaka iyaka ƙarfe goma a lissafin Illo, zai sauka ƙarfe tara a lissafin Faransawa. Rana ɗaya ce a samansa, jakinsa bai ƙara sauri ba. Umarnin gwamna ne kawai.

Har yau ma hakan take. Duniya kan juya digiri 15 a awa ɗaya, wato minti 4 kowane digiri. An ɗora agogonmu kan layin digiri 15 gabas, Bagudo kuwa tana wajen digiri 4. Bambancin digiri 11, kusan minti 44. Shi ya sa idan agogo ya ce sha biyu, rana ba ta kai tsaka ba tukuna a Kaoje. Shi ya sa kuma mutumin Maiduguri kan riga na Bagudo shan ruwa da kimanin rabin awa.

Kalmomin ma suna ɗauke da tarihin. "Agogo" daga Yarbanci muka aro, ma'anarsa ƙararrawa. "Ƙarfe biyu" kuwa ya samo asali daga ƙarfen da ake bugawa don sanar da awa. Kafin su, da asuba, hantsi, azahar, la'asar da almuru ake yin alkawari, kuma duk da rana ake auna su a inda mutum yake tsaye. Sunayen kwanaki, Lahadi zuwa Asabar, daga Larabci suka zo, tare da lissafin da ke fara sabuwar rana daga faɗuwar rana.

Nan ne abin ya shafe ka kai tsaye. Idan dattijo a Illo ya ce maka "daren Juma'a", daren da zai waye Juma'a yake nufi, wanda kalandar wayarka ke kira Alhamis. Ɗan boko na iya jin akasin haka, ya iso bayan kwana guda, an riga an watse. Saboda haka, in za ku sa ranar tafiya, ko sauke kaya, ko kai mara lafiya, kar ka ji kunyar tambaya: "Baba, daren da za a wayi gari Juma'a, ko wanda ke bayan an sauko masallaci?"