Abubakar Tafawa Ɓalewa a Majalisar Jihar Arewa da Ƙudurin Gyaran En'e

Tsarin mulkin da Gwamna Arthur Richards ya shimfiɗa wa Nijeriya, wanda ya fara aiki a farkon shekarar 1947, shi ne ya kafa majalisun jihohi uku na Arewa da Yamma da Gabas, kuma a wancan zamani kalmar jiha tana nufin yanki guda sukutum, irin Jihar Arewa mai hedkwata a Kaduna. Arewa ta sami majalisu biyu, ta Sarakuna da ta Wakilai, sai dai ba a ba su ikon yin doka ba, iyakacinsu su tattauna kasafin kuɗi da dokokin da gwamnati ta gabatar, su ba da shawara, sannan su tura wasu daga cikinsu zuwa Majalisar Dokoki ta ƙasa a Ikko. Talakawa ba su jefa ƙuri'a ba wajen zaɓen wakilan, domin hukumomin En'e ne suke tsayar da yawancinsu, ga kuma razdan-razdan da sauran ma'aikatan gwamnati Turawa suna zaune a zauren suna da ƙuri'a.

En'e ita ce hukumar gargajiya da Turawa suka mulki ƙasar ta hannunta, wadda sarki yake shugabanta, hakimai da dagatai suke tara mata haraji da jangali, kuma take riƙe da baitulmali da kotunan alƙalai da 'yan doka da gidajen yari. A manyan masarautu doka ta ɗauki sarki shi kaɗai a matsayin hukumar, ba ya ƙarƙashin tilas na bin shawarar majalisarsa matuƙar razdan ya amince da abin da ya yanke.

Cikin waccan Majalisar Wakilai ta Arewa mai ƙarancin iko Malam Abubakar Tafawa Ɓalewa ya shiga yana wakiltar Bauchi. An haife shi a 1912, ba daga gidan sarauta ba, ya yi karatu a Kwalejin Katsina daga 1928 zuwa 1933, ya koyar a Makarantar Midil ta Bauchi, sannan ya yi shekara guda a Cibiyar Nazarin Ilimi ta Jami'ar Landan. A Bauchi ya zauna tare da Malam Sa'adu Zungur da Malam Aminu Kano a zauren muhawarar da 'yan boko suka riƙa tattauna al'amuran mulki a cikinsa, amma ya bambanta da su wajen hanya, domin shi ya yi imani cewa ana iya gyara En'e daga cikinta ba tare da rushe sarauta ba. Daga Kaduna aka tura shi majalisar Ikko a 1947, inda ya yi suna da fasahar magana da kare matsayin Arewa, kuma yana cikin wakilan da suka nace a taron Ibadan na 1950 cewa a ba Arewa rabin kujerun majalisar tarayya.

Babban aikinsa na ɗan majalisar jiha ya zo ne a watan Agusta na 1950, watan da aka kafa jam'iyyar NEPU a Kano, lokacin da ya gabatar da ƙudurin neman a naɗa kwamiti mai zaman kansa ya binciki tsarin En'e domin a sabunta shi. Ya yi ƙorafi cewa talakawa ba su da ta cewa a sha'anin mulkinsu, cewa gaisuwa da cin hanci sun yi katutu a tsakanin ma'aikata, cewa ba a horar da ma'aikatan yadda ya kamata, sannan ya nemi a kawar da tsarin da ya mai da sarki hukuma shi kaɗai. Nauyin wannan magana yana bayyana ne idan aka tuna cewa mai yin ta ya hau kujerarsa ta hannun En'e, kuma yawancin masu sauraronsa 'yan Arewa ma'aikatan En'e ne waɗanda albashinsu da muƙamansu suke hannun sarakunan da ake magana a kansu. Wannan jarumtaka ce ta gaske, kuma ƙudurin ya wuce ne da ƙyar, da ɗan ƙaramin rinjaye.

Gwamnati ba ta naɗa kwamiti mai zaman kansa ba, sai ta ɗora binciken a kan ma'aikatanta biyu, Maddocks da Pott, amma duk da haka abin ya haifar da sauyi. A 1952 aka soke matsayin sarki na hukuma shi kaɗai, dokar En'e ta 1954 kuma ta tabbatar da tsari iri biyu: sarki a cikin majalisa, inda dole ya nemi shawararta ko da yake yana iya saɓa mata da sanin gwamnati, da kuma sarki tare da majalisa, inda ra'ayin mafi rinjaye yake ɗaure shi.

Gyaran ya tsaya a nan ne saboda siyasa ta canja alƙibla. Jam'iyyar Mutanen Arewa, wato NPC, wadda Malam Abubakar yake cikin manyanta, ta zama jam'iyyar siyasa a 1951, ta dogara da sarakuna da hakimai wajen cin zaɓe, shi kuma ya koma Ikko a 1952 ya zama Ministan Ayyuka, daga bisani Firayim Minista a 1957, al'amuran jiha suka koma hannun Sardaunan Sakkwato Ahmadu Bello. Kotuna da 'yan doka da gidajen yari suka ci gaba da zama a hannun En'e, magoya bayan NEPU suka ɗanɗana kuɗarsu a cikinsu tsawon Jamhuriya ta Farko, kuma ba a karɓe su daga hannun En'e ba sai a zamanin mulkin soja bayan 1966, kafin gyaran ƙananan hukumomi na 1976 ya fitar da sarakuna daga gudanar da mulkin yau da kullum.