Mutum biyu da suka nufi Everest su kaɗai

A wannan makon za mu leƙa tarihin mutum biyu da kowannensu ya ɗaura niyyar hawa tsaunin Everest, mai tsayin mita 8,848, shi kaɗai ta ɓangaren Tibet. Shekara 46 ke tsakaninsu.

Na farko Maurice Wilson, mutumin Bradford a Ingila, tsohon sojan Yaƙin Duniya na Ɗaya. Ya yi wata doguwar jinya, ya ce azumi da addu'a ne suka tashe shi, sai ya ƙudura cewa da su zai kai ƙololuwar tsaunin. Shirin nasa abin riƙe baki ne: ya sayi ƙaramin jirgin sama, ya faɗa da shi a gefen tsaunin, ya ƙarasa da ƙafa. A lokacin bai iya tuƙin jirgi ba, bai kuma taɓa hawa tsauni mai ƙanƙara ba.

Mu dai ba za mu yi masa dariya ba, don ya koyi tuƙin. A watan Mayun 1933 hukuma ta hana shi tashi, ya yi kunnen uwar shegu, ya kai jirgin har Indiya cikin kusan mako biyu. Da aka hana shi ratsa sararin Nepal sai ya sayar da jirgin, ya zauna a Darjeeling. A Maris na 1934 ya sulale da 'yan ƙabilar Sherpa uku cikin shigar sufayen Buddha, suka isa gidan ibada na Rongbuk a tsakiyar Afrilu.

A nan giɓin shirin ya fito fili. Jirgi ya koya a hannun malami, ƙanƙara kuwa ba wanda ya koya masa. Duk atisayensa 'yan makonni ne na yawo a duwatsun Biritaniya, waɗanda mafi tsayinsu bai kai mita 1,400 ba. Har ya tsinci ƙarafan da ake ɗaurawa a takalmi don kama ƙanƙara a wani tsohon sansani, ya yar da su. A ƙarƙashin mashigar da ake kira North Col, wajen mita 7,000, wani bangon ƙanƙara ya tare shi. Abokan tafiyarsa suka roƙe shi ya juya, ya ƙi. Rubutunsa na ƙarshe a littafin ajiyarsa na ranar 31 ga Mayu ne. A 1935 ayarin Eric Shipton ya tsinci gawarsa, suka binne shi a wani tsagin ƙanƙara. Cikin 'yan dakon ayarin akwai wani saurayi, Tenzing Norgay, wanda shi da Edmund Hillary suka fara kai ƙololuwar a 1953.

Na biyu Reinhold Messner, ɗan arewacin Italiya, wanda tun yana yaro yake hawan duwatsu. A Mayun 1978 shi da Peter Habeler suka hau Everest ba tukunyar iska, alhali iskar da mutum ke samu a can sama ba ta wuce kashi ɗaya cikin uku na ta bakin teku ba. Bayan wata uku ya hau Nanga Parbat shi kaɗai. A 1980 ya nemi izinin ƙasar Sin, ya shafe makonni a Tibet yana hawa yana sauka har jikinsa ya saba da ƙarancin iska. Ya jira damina ta lafa, sannan ya tashi daga sansanin mita 6,500 da jaka ɗaya da ƙaramin tanti.

Kada mu ɗauka shiri ya kawar masa da haɗari. A daren farko, a kan hanyar North Col ɗin nan da ta ci Wilson, ƙanƙara ta rufta da shi cikin rami, ba igiya, ba mai jawo shi. Da ƙyar ya lallaɓa ya fito, kuma maimakon ya koma sai ya ci gaba. A rana ta uku, 20 ga Agusta, ya kai ƙololuwa. Washegari ya sauko sansaninsa, ƙafa da ƙyar take ɗaukarsa.