Kalmar "kumandan": daga muƙamin soja zuwa sunan mai mulki

Cikin kalmomin da Hausar Nijar ta aro daga Faransanci, kaɗan ne suka yi nauyi a bakin talakawa kamar "kumandan". Asalinta muƙamin hafsa ne, wanda yake bisa kaftin, ƙarƙashin laftanan-kanar, ana kuma gane mai shi da galo huɗu a kafaɗa.

Ko cikin sojan Faransa sunan muƙamin ba ɗaya ba ne. A rundunar dakaru ana ce masa shugaban bataliya, laƙabin da ya samo asali a 1793, zamanin juyin mulkin ƙasar. Wajen barade, da masu igwa, da jandarma, shugaban eskadaron ne. Mayaƙan sama sun bar shi kumandan kawai. Na ruwa kuwa suna da nasu sunan, kaftin na ƙaramin jirgin yaƙi, amma a bakinsu duk wanda aka danƙa wa jirgi kumandan ne, kome yawan galonsa. Ke nan tun can gida kalmar tana ɗauke da ma'ana biyu: daraja, da kuma riƙon wuri.

Ma'ana ta biyu ce ta zauna a ƙasar Hausa. Gaskiya ne Lami, wanda ya sauka Damagaram a 1899, ya kuma mutu a Kusuri ran 22 ga Afirilu 1900 wajen yaƙi da Rabe, kumandan ne na galo. Amma daga 1900 har 1922 ƙasar tana hannun soja, hafsoshi ne ke riƙe da gundumomi, kuma ko kaftin ne ko laftanan, sunansa kumandan. Da fararen hula suka gaje su, sai suka gaji sunan. Shi ke karɓar haraji, shi ke kama mutane aikin tilas, shi ke sa a naɗa sarki ko a tuɓe shi. Talakan da aka kira gaban kumandan bai taɓa tsayawa ƙirga galo ba. Bayan samun mulkin kai ma, da aka sake tsarin gundumomi a 1964, mutanen karkara ba su daina kiran sababbin masu riƙonsu da tsohon sunan ba.

Nan ne masu fassara ke tuntuɓe. Hausar Nijeriya, wadda ta bi tsarin Ingila, "manjo" take ce wa wannan muƙami. Alhali a sojan Faransa mai irin wannan suna ba hafsa ba ne, babba ne cikin manyan kurata, bisa lajidan. Shi ya sa Dauda Malam Wanke, da ya karɓi mulki a 1999, ya zama kumandan a Yamai, manjo a Kano. Haka aka yi da Salu Jibo a 2010, wanda takardun hukuma suka kira shugaban eskadaron.