ALHAJI UMARU NA KETE KRACHI: BAKANON DA YA WAƘE ZAMANINSA A GONJA

Yau idan aka ce mai tsara waƙa, hankalinmu kan tafi ga masu waƙoƙin finafinan Kano. Amma tun kafin a san majigi, mun yi wani gwani da ya mayar da abubuwan da suka faru a idonsa baitoci, almajirai suna kwafa, fatake suna rerawa a zango. Shi ne Alhaji Umaru ɗan Abubakar, limamin Kete Krachi.

An haife shi a Kano wajen 1858, asalin gidansu kuwa Kabawa ne. Ya yi karatu a Kano da ƙasar Sakkwato, sannan hanyar fataucin goro ta kai shi Salaga, babbar kasuwar Gonja. Tun yana matashi ya wallafa littafi da Larabci a kan ƙa'idojin rubuta wasiƙa, domin fatake na buƙatar mai rubuta musu saƙo da shaidar bashi.

A 1892 yaƙin basasa ya ɓarke a Salaga a kan sarauta, kasuwa ta watse, Hausawa suka bazu. Malam Umaru ya yi wa wannan masifa doguwar ƙasida mai suna Tanbihul Ikhwan, bayan ya koma Kete Krachi a bakin kogin Volta, wadda ke hannun Jamusawa, har ya zama limaminta.

A nan alƙalaminsa ya nuna. Cikin Waƙar Nasara ya jero garuruwa da sarakunan da Turawa suka ci ɗaya bayan ɗaya, da baƙin cikin wanda ya ga duniyarsa tana juyewa. Cikin Waƙar Talauci da Wadata kuwa kanmu ya juyo: yadda ake ƙin jin maganar matalauci ko da gaskiya ce, ake kuma yaba wa mawadaci ko da ya yi shirme. Annobar mura ta 1918 ma ba ta wuce ba sai da ya waƙe ta.

Abin lura shi ne, mutumin da ya koka da zuwan Turawa shi ne ya zauna da jami'in Jamus, Adam Mischlich, wanda ya fitar da ƙamusun Hausa a 1906, ya rubuta masa tarihin ƙasar Hausa da sana'o'inta da al'adun aurenta da ajami. Da bai yi haka ba, da abubuwa da dama na rayuwar kakanninmu sun tafi tare da masu su.

Ya tafi aikin Hajji a 1913, ya dawo ya ci gaba da karantarwa, almajiransa suka watsu a zangunan ƙasar. Ya rasu a 1934. Bayan gina madatsar Akosombo, ruwan tafkin Volta ya haɗiye tsohon garin da ya zauna.

Rubuce-rubucensa na nan a Jami'ar Legon, kuma wani masani ɗan Poland, Piłaszewicz, ya buga wasu daga cikinsu. A Kano da ta haife shi, mu nawa ne muka taɓa jin baiti guda nasa, kuma 'ya'yanmu nawa ne za su iya karanta ajaminsa?

Allah Ya jiƙan Malam Umaru, Ya kai haske kabarinsa.