Agwagi ne suka fara mutuwa

1/ Zare mai tsawo ne, ku gyara zama. Mu ƴan Mafara da Bakura da Maradun duk mun taso muna jin labarin gubar dalma ta 2010 a maƙwabtanmu Anka da Bukkuyum. Sai dai akwai ɓangaren da ba a cika faɗa ba: rawar da dabbobi suka taka. Agwagi a nan gida, maguna a Japan, da kuma (kada kowa ya yamutsa fuska) ƴaƴan alade a Amurka.

2/ A fara da abin da ya faru. Farashin zinare ya yi sama a duniya, a 2010 har ya haura dala 1,200 kowane oza. Mutanen ƙauyuka irin su Dareta, Abare, Sunke, Bagega da Ƴargalma suka duƙufa da haƙa. Ana kwaso dutse a buhu, a kawo cikin gida, a farfasa, a kai injin niƙa, wani lokaci ma injin da ake niƙa gero. Mata na daka a tsakar gida, yara na rarrafe a gefe. Dutsen nan kuwa cike yake da dalma.

3/ A watan Maris na 2010 ma'aikatan ƙungiyar likitoci ta MSF suna zagayen sa ido kan sanƙarau, sai suka tarar da ƙauyukan da yara ke ta mutuwa: amai, jijjiga, suma, sai rasuwa. An ba da maganin zazzaɓin cizon sauro, shiru. Sai da aka gwada jini.

4/ Binciken da hukumar CDC ta Amurka ta yi tare da jami'an lafiyar Najeriya a ƙauyuka biyu ya nuna cewa cikin yara 463 ƴan ƙasa da shekara biyar, 118 sun rasu a cikin shekara guda. Ɗaya cikin huɗu ke nan. Innalillahi. Na'urar gwajin jinin da aka zo da ita iyakar lambarta 65, jinin yara da yawa ya wuce abin da za ta iya karantawa. A jimilla an ƙiyasta yara kusan 400 ne suka rasu.

5/ To ga inda nake son ku tsaya. Da masu bincike suka zauna da mutanen garuruwan, sai aka riƙa ce musu ai tun farkon shekara agwagi suka fara ɓacewa. An lura, amma wa zai tashi hankalinsa don agwagwa ta mutu? Sai a ce annobar kaji ce, ta saba zuwa.

6/ Ka duba yadda agwagwa ke cin abinci. Bakinta kullum a cikin taɓo, tana tace ruwan kududdufi, tana haɗiye tsakuwa don ƙundunta ya niƙa hatsi. A kududdufin da ake wanke garin zinare, babu wanda ya kai ta ɗibar guba. Kuma wannan tsohon sani ne. Tun ƙarshen ƙarni na 19 aka san agwagin daji na mutuwa idan sun haɗiye harsashin dalma na mafarauta, shi ya sa Amurka ta hana farautar tsuntsayen ruwa da irin wannan harsashi a 1991.

Wato gwajin da masana ke kashe kuɗi su yi a ɗakin bincike, agwagin Anka sun yi mana shi a bainar jama'a, ba mu karanta sakamakon ba.

7/ Ba mu kaɗai ba ne fa. A garin Minamata na Japan, a shekarun 1950, maguna ne suka fara tangaɗi kamar masu rawa, suna faɗawa teku. A 1956 aka tabbatar da cutar a jikin mutane. Likitan asibitin kamfanin Chisso, Hajime Hosokawa, ya riƙa zuba ruwan dattin masana'antar a abincin maguna. A 1959 mage mai lamba 400 ta kamu da cutar sak irin ta mutane. Ruwan na ɗauke da sinadarin makuri. Kamfanin ya danne sakamakon, gubar ta ci gaba da kwarara har 1968. Ita Japan an gwada an ɓoye, mu kuma ba a ma kai ga tambaya ba.

8/ Yanzu alade. Na san wani zai ce me ya haɗa Zamfara da alade, jihar da ta fara ƙaddamar da Shari'a. Ku biyo ni.

9/ Akwai tambayar da ta daɗe tana damun masana: in yaro ya haɗiyi ƙasa mai dalma, nawa ne ke shiga jininsa, nawa ke fita a bayan gida? Ba za ka ɗura wa yaro guba don ka gani ba. Ɓera kuma, duk da shi ne jakin ɗakunan bincike, cikinsa da yadda yake girma sun yi nisa da na yaro.

10/ Ɗan alade da aka yaye shi ne ya fi kusa. Yana cin komai kamar mutum, tumbinsa guda ne (ba irin na akuya ko saniya mai ɗaki huɗu ba), hanjinsa na aiki kusan irin namu, nauyinsa ya yi daidai da na yaron da ya fara tafiya, ƙashinsa kuma yana kan girma. Wannan na ƙarshen yana da muhimmanci, don jiki na ɗaukar dalma a matsayin sinadarin gina ƙashi, sai ya jawo ta da hannu biyu. Shi ya sa ƙaramin yaro ke tsotse ninki huɗu zuwa biyar na abin da babba zai tsotsa daga ƙura iri ɗaya.

11/ A shekarun 1990 hukumar kare muhalli ta Amurka da likitocin dabbobi na Jami'ar Missouri, ƙarƙashin Stan Casteel, suka yi ta wannan gwaji. A ɗebo ƙasa daga tsoffin wuraren haƙar ma'adinai, a cusa awo kaɗan cikin curin abinci, a ba ƴan aladu kullum har kwana 15. Ana ɗibar jini, a ƙarshe a auna hanta da ƙoda da ƙashi.

12/ Abin da suka gano shi ne dalma ba iri ɗaya ba ce a ciki. Wadda ke cikin baƙin dutsen nan mai walƙiya da ake kira galina, kaɗan ce ke narkewa. Amma wadda ruwa da iska suka daɗe suna ci har ta koma fara-fara mai laushi, ruwan tumbi na narkar da ita kusan gaba ɗaya.

13/ Ɗan tsokaci: galina ɗin nan shi ne dutsen tozali. Eh, kwallin da ake rambaɗa wa jarirai. Kada wani ya ce ai na ce ba ya narkewa sosai. In an niƙe shi lilis ana shafawa kullum, yaro na murza ido yana kai hannu baki, yana shiga. A 2012 CDC ta ba da rahoton wani jariri ɗan asalin Najeriya a Boston da aka samu dalma a jininsa, da aka auna tozalin da ake sa masa, sama da kashi 80 cikin 100 dalma ce.

14/ A koma. Daga sakamakon aladun nan aka ƙirƙiri gwajin kwalba: a haɗa ruwa mai tsami irin na tumbi, a zuba ƙasa, a ga abin da ya narke. An yarda da shi ne don amsarsa ta dace da ta jikin aladu. Da aka kai samfurin ƙasa da dutsen Zamfara wa hukumar binciken ƙasa ta Amurka, irin wannan gwaji aka yi, sakamakon ya fito a 2013. Dutsenmu mai yawan irin farar dalmar nan ce mai saurin narkewa, ga niƙa a bushe ya mayar da ita ƙura. Wannan ya bayyana dalilin da ya sa mace-macen suka yi muni haka.

15/ Maganin da MSF ta bai wa dubban yara, DMSA, shi ma ta jikin dabbobi ya biyo. A shekarun 1950 masana a China suka gano yana cire gubar wani tsohon maganin tsargiya (mu ƴan gefen dam ɗin Bakolori ba sai an mana bayanin tsargiya ba). Daga baya aka gwada shi a ɓeraye kan dalma, Amurka ta amince a ba yara a 1991. Yana kama dalmar a jini, ta fita ta fitsari. Abin da ba ya yi shi ne gyara ƙwaƙwalwar da ta riga ta taɓu. Akwai yaran da suka tsira amma da makanta ko shanyewar jiki.

16/ Kuma magani ba shi da amfani in yaro zai koma gida mai guba. Dole aka kankare ƙasar saman gidaje, aka binne, aka zubo sabuwa. Bagega ta jira har 2013, sai da matasa irin su Hamzat Lawal suka tada ƙura da #SaveBagega sannan gwamnatin Jonathan ta saki kuɗin. Masu cewa surutun intanet ba ya aiki, ga misali.

17/ Ra'ayina kan batun alade, kuma ni ba malami ba ne, hukunci na malamai ne: cin namansa haramun ne, babu mai jayayya. Amma a nan ba ci aka yi ba, ilimi aka ɗauka daga jikinsa. Kuma ƴan aladun nan an kashe su a ƙarshen gwajin, magunan Hosokawa ma sun sha wahala kafin su mutu. Abin ba daɗin ji. Shi ya sa nake ganin gwajin kwalbar nan ci gaba ne babba, don yanzu ana iya auna ƙasar wani ƙauye ba tare da an taɓa dabba ba.

18/ Abin da ke damuna shi ne darasin agwagin bai zauna ba. A 2015 aka sake irin wannan a ƙaramar hukumar Rafi ta jihar Neja, yara 28 suka rasu. Likitan dabbobi yana ofishinsa, na mutane yana nasa, ga rashin tsaro ya hana zuwa ƙauyuka da dama. Mutumin da agwaginsa goma suka mutu cikin mako guda a gefen wurin wankin zinare, yawanci yarwa zai yi a bola ya wuce.

19/ Gwamnatin tarayya ta hana haƙar ma'adinai a Zamfara a Afrilun 2019, ta ɗage hanin a Disambar 2024, zinare kuma ya ninka farashinsa na 2010 fiye da sau biyu. In a garinku ana niƙa dutse a cikin gida, ko kun ga kaji da agwagi na faɗuwa kusa da wurin, ku sanar da jami'in sa ido kan cututtuka na ƙaramar hukuma, a nemi gwajin dalma ga ƴan ƙasa da shekara biyar. Masu aikin kuma su yi wanka su sauya kaya a can wurin aiki kafin su ɗauki yaro.