Masu neman muryar kufai

Duk wanda ya taɓa ratsa kufai da almuru ya san irin nauyin da wurin ke saukar wa zuciya. Ganuwa ta zube, rijiya ta cike, amma mutum yana ji kamar waɗanda suka tashi ba su gama tafiya ba. A ƙarni na 19 wasu masana a Amurka da Ingila sun ɗauki wannan ji da gaske, har suka yi niyyar mayar da shi fannin ilimi mai ƙa'ida. A ganinsu, duk abin da ya auku, yaƙi ne ko biki ko kisan gilla, yana barin sawunsa a jikin dutse da ƙasa, kuma mai baiwa zai iya bin sawun nan har ya zana taswirarsa.

Wanda ya raɗa wa fannin suna, a 1842, shi ne Joseph Rodes Buchanan, wani likita ɗan jihar Kentucky. Ya kira shi saikometiri, wato awon ruhi. Da ɗalibansa ya fara: yakan damƙa musu magani a nannaɗe, su faɗi abin da suka ji a jikinsu ba tare da sun buɗe ba. Daga baya ya koma ba su wasiƙu domin su siffanta halin marubutansu. Burinsa shi ne wata rana a tono tarihin ɗan Adam ta wannan hanya, kamar yadda masana duwatsu ke tono tarihin ƙasa.

Zamanin ma ya ba shi hannu. A 1839 aka bayyana a birnin Paris dabarar Daguerre ta ɗaukar hoto a kan farantin ƙarfe. Idan haske zai iya barin fuskar mutum a kan ƙarfe, me zai hana bango ya riƙe abin da aka aikata a gabansa? Wannan kwatanci shi ne jarin William Denton, masanin duwatsu haifaffen Ingila mazaunin Amurka, wanda ya wallafa The Soul of Things, wato ruhin abubuwa, a 1863. Yakan ba matarsa Elizabeth ko ƴar'uwarsa guntun dutse ko ƙashi, ta ɗora a goshi, ta rufe ido, ta faɗi abin da take gani. Da aka ba su dutsen aman wuta sai suka ga tekun wuta. Da aka ba su haƙorin wata giwar zamanin da, sai suka ga daji da manyan dabbobi. Sai dai masu ganin nan gida ɗaya suke kwana da masanin duwatsu, kullum kunnensu na kan zancensa. Da ɗansa Sherman ya leƙa duniyar Mars ta wannan hanya, mutane masu kama da mu ya tarar. Hotunan da kumbon Mariner 4 ya aiko a 1965 ba su nuna kome ba sai ramuka da busasshiyar ƙasa.

Inda maganar ta fi daɗin bincike shi ne Glastonbury, a kudu maso yammacin Ingila, domin a can ne aka sa taswirar ta fuskanci shebur. Garin yana da kangon wani babban gidan ibadar Kirista da sarki Henry na 8 ya rufe a 1539, aka kuma rataye shugabansa, Richard Whiting, a kan tudun da ke kallon garin. A 1908 aka ɗora wa Frederick Bligh Bond, magini masanin tsofaffin coci-coci, jagorancin tonon wurin. Abin da bai faɗa wa kowa ba shi ne, tun watan Nuwamba na 1907 yana zama da abokinsa John Bartlett, wanda kan riƙe fensir ya saki hannunsa ya yi ta rubutu ba da tunaninsa ba. Saƙonni suka riƙa fitowa cikin tsohon Ingilishi da Latin, har da zanen wani ɗakin ibada da ya ɓace, mai suna ɗakin Edgar. Bond ya tona a gabashin cocin, ya kuwa sami harsashin ginin.

Shi kansa bai ce fatalwa ce ke magana ba. Ya fi karkata ga cewa akwai wani babban rumbun tunani da ke tara abubuwan da suka shuɗe, hannun abokinsa kuma ɗebowa kawai yake yi. Ya ɓoye sirrin har 1918, lokacin da ya fasa ƙwai a littafinsa The Gate of Remembrance. Hukumomin coci, masu wurin, ba su ɗauki abin da wasa ba; kafin ƙarshen 1922 an raba shi da aikin. Hujjar masu sukarsa ta fi hukuncin ƙarfi: tun ƙarni na 16 John Leland, wanda ya zaga Ingila yana rubuta abin da ya gani, ya ambaci cewa an gina ɗakin Edgar a gabashin cocin, Bond kuwa ya san tsofaffin takardun nan sarai. Ƙwararren magini ne da ya karanta, ya auna, ya yi hasashe mai kyau, sannan ya jingina nasarar ga wata murya daban.

Fannin bai mutu ba, riga kawai ya sake. Bayan na'urar naɗar murya ta yaɗu, T. C. Lethbridge, wanda ya daɗe yana kula da kayan tarihi a jami'ar Cambridge, ya rubuta a 1961 cewa wurare, musamman masu danshi, suna naɗar tsoro da baƙin ciki kamar yadda kaset ke naɗar sauti. A 1972 tashar BBC ta nuna wasan kwaikwayo mai suna The Stone Tape, wanda Nigel Kneale ya rubuta, kuma daga sunansa ne ra'ayin ya sami laƙabin da ake kiransa da shi har yau. Tun daga nan masu ƙagaggun labarai ne suka fi cin moriyarsa.

Bond ya rasu a 1945 a ƙasar Wales. Harsashin ɗakin Edgar yana nan cikin ciyawa a Glastonbury, a daidai inda ya tona, masu ziyara suna bi ta kansa.